Yadda Ake Shigar da Ƙarar Fito da Mutum Idan An Tsare Wani a Rikicin Aure ko na Dangi

Yawancin masu zuwa wurina a matsayina na lauya da wannan matsala suna zuwa ne da buƙata uku a ƙulle wuri ɗaya: a dawo mini da matata, a hukunta surukaina, a kuma tabbatar da aurena. Abin da nake fara gaya musu shi ne ƙarar da suke nema ba ta ɗaukar kaya uku. Abu ɗaya take bincika: wannan mutum a tsare yake ba da son ransa ba? In haka ne, wace doka ce ta ba mai tsare shi wannan iko? Idan babu, alƙali ya ce a sake shi, magana ta ƙare.

A littattafan shari'a sunanta habeas corpus, kalmomin Latin ne masu nufin "ka zo da jikin", wato ka kawo mutumin da kansa alƙali ya gan shi ido da ido. Majalisar Ingila ta yi mata doka ta musamman a 1679 saboda fursunonin hukuma, amma ta daɗe da shiga cikin gidajen mutane. A 1891 wani magidanci mai suna Jackson ya tare matarsa tana fitowa daga coci a garin Clitheroe, ya jefa ta a keken doki, ya kulle ta a gida. Yana ma riƙe da hukuncin kotu da ya ce ta koma ɗakinta. Duk da haka Kotun Ɗaukaka Ƙara ta ce miji ba shi da ikon kulle matarsa, aka sake ta. Har yau ana kafa hujja da wannan hukunci a ƙasashen da suka gaji tsarin shari'ar Ingila.

Zan riƙa cewa "ta" saboda mata aka fi tsarewa, amma hanyar ɗaya ce ko saurayi ne aka ɗaure, ko tsoho ne 'ya'ya suka ɓoye saboda dukiya.

Abin da za ka tanada kafin ka ga lauya

- Shaidar shekarunta: takardar haihuwa, katin shaidar ɗan ƙasa, fasfo ko takardar makaranta. Wannan ta fi duk sauran muhimmanci, domin a kanta ake raba baliga da yarinya. A mafi yawan ƙasashe iyakar shekara 18 ce.
- Shaidar alaƙarka da ita: takardar aure, hotunan ɗaurin aure, ko takardar haihuwar 'ya'yanku. In babu takarda, nemi mutum biyu da suka halarci auren kuma suka yarda su yi rantsuwa.
- Hotonta na kwanan nan, wanda fuskarta ta fito sosai.
- Adireshin inda kake zaton tana ciki, da cikakken sunan mai gidan.
- Duk wani saƙo da ya fito daga gare ta: na waya, muryar WhatsApp, wasiƙa, jerin kiran da ta yi. Kada ka goge komai, kuma kada ka tsaya a hoton allon waya kawai. Ajiye wayar kanta, ana iya cewa a kawo ta.
- Takarda ɗaya da ka jera abubuwan da suka faru da kwanan wata: ranar da ka gan ta ƙarshe, ranar da wayarta ta daina shiga, ranakun da ka je aka hana ka.
- Kwafin duk wata ƙara da ke tsakaninku a wata kotu, ta saki ce, ta ciyarwa ko ta riƙon yara.

In ba ka da kuɗin lauya, tambayi magatakardan kotu inda ofishin taimakon shari'a na gwamnati yake, ko ka nemi ƙungiyar lauyoyi ta yankinku. Da yawa suna da masu karɓar irin wannan ƙara kyauta.

Mataki na 1: Ka tabbatar tsarewa ce

A nan mafi yawan ƙararraki ke mutuwa, tun kafin a buga su. Matar da ta yi yaji ta tafi gidan iyayenta ba tsararriya ba ce. Wadda ta toshe lambarka ba tsararriya ba ce. Wadda iyayenta ke zuga ta kullum, amma tana fita aiki tana dawowa, ita ma ba tsararriya ba ce a idon doka, ko da zugar ta yi maka ciwo.

Tsarewa tana da alamu: an karɓe mata waya, ana kulle ƙofa ko an sa mai gadinta, ta daina zuwa aiki ko makaranta ba sanarwa, ƙawayenta ma an hana su ganinta, ana sauya mata gida daga wannan dangi zuwa wancan, ko ta samu kafa ta aiko cewa a zo a fitar da ita. Wannan saƙo na ƙarshe shi ne zinariya. Ƙarar da ke da shi daban take da wadda ba ta da shi.

A farkon aikina na taɓa shigar wa wani magidanci irin wannan ƙara, ya rantse mini cewa surukansa sun kulle matarsa wata biyu. Na ɗauki maganarsa ban bincika ba. Ranar da aka kawo ta, ta shigo da jakarta da wayarta a hannu, ta ce wa alƙali da ƙafarta ta tafi saboda duka, har ta nuna tabo. Aka kori ƙarar, aka ɗora masa kuɗin ɓata lokacin waɗanda ya yi ƙara, ni kuma na fita da kunya. Tun daga ranar ba na buga takarda sai na tambayi mai ƙara: in an kawo ta aka ce ta zaɓa, ka tabbata wajenka za ta nufa? In ya yi jim, sai mu koma maganar sulhu ko kotun iyali.

In ba ka da tabbas, tura wata mace da gidan ba za su ƙi ba, ƙawarta ko 'yar'uwa, ta gan ta ita kaɗai. Abin da ta ji da kunnenta yana iya zama takardar rantsuwa ta biyu.

Mataki na 2: Kai rahoto ga 'yan sanda a rubuce

Tsare mutum ba bisa ƙa'ida ba laifi ne a kundin laifuffuka na kusan kowace ƙasa. Rubuta koke, ka kai ofishin da gidan ke ƙarƙashinsa, a buga hatimi a kwafinka. Sau da yawa za a ce maka "maganar gida ce, ku je ku sasanta". Kada ka yi musu. Aika kwafin koken ga shugaban 'yan sanda na yankin ta hanyar da za a ba ka rasit, ka adana rasit ɗin. Amfaninsa biyu ne: yana nuna wa alƙali ka ƙwanƙwasa ƙofar kusa kafin ta nesa, kuma yana kafa ranar da ka fara kuka.

Wannan mataki ba sharaɗi ba ne. In akwai barazana ga rayuwarta, ko ka ji ana shirin fitar da ita daga ƙasar ko ɗaura mata aure dole, kai rahoton da safe ka shigar da ƙara da rana.

Gargaɗi babba: kada ka kwashi abokai ka je ƙwato ta da ƙarfi. Mai yin haka yakan wayi gari shi ne ake tuhuma da kutse da satar mutum.

Mataki na 3: Zaɓi kotu, a kuma san wanda zai shigar

Wannan ƙara ta babbar kotu ce, ƙananan kotuna ba su da hurumin ta a yawancin wurare. A Indiya ana zuwa Babbar Kotun jiha ƙarƙashin sashe na 226 na kundin tsarin mulki, ko Kotun Ƙoli ƙarƙashin sashe na 32. A Nijeriya sashe na 35 na kundin 1999 ne ya kare 'yancin walwala, sashe na 46 ya ba Babbar Kotu ikon sauraro, kuma an fi bin dokokin tilasta haƙƙin ɗan Adam na 2009. Ka shigar a kotun da gidan da ake tsare da ita ke cikin huruminta. Kuskuren shigarwa a garin da kai kake zaune yakan cinye makonni a banza.

Wadda ke kulle ba za ta iya zuwa ta sa hannu ba, don haka doka ta yarda wani ya tsaya mata: miji, uwa, uba, ɗan'uwa, har aboki na kusa. Sai dai alƙalai na duba mai ƙarar da kyau. In akwai tarihin duka tsakaninka da ita, ko ana jayayya a kan ingancin aurenku, gara 'yar'uwarta ko wata ƙawarta ta zama mai ƙara, kai ka zama shaida.

Mataki na 4: Rubuta takardar rantsuwa

Ita ce ƙashin bayan ƙarar, domin galibi ba a kiran shaidu su hau akwati, takardu alƙali ke karantawa. A rubuta ta sakin layi-layi da lamba, kowane da magana ɗaya: kai wane ne, mece ce alaƙarku, shekarunta nawa, yaushe aka tafi da ita, wa ya tafi da ita, ina take yanzu, me ya sa ka ce ba da son ranta ba ne, wane ƙoƙari ka yi, kuma me ya hana ta rantsuwa da kanta. Wannan na ƙarshe sababbin lauyoyi suna yawan manta shi.

Ka raba abin da ka gani da abin da aka gaya maka. In labari ne, faɗi wanda ya ba ka shi, da rana da wuri, da cewa ka gaskata shi. "Ranar kaza da yamma na je gidan, wane ya tsaya a ƙofa ya ce ba zan gan ta ba, na kuma ji muryarta daga ciki tana kiran sunana" ya fi shafi biyar na "mugayen mutane ne marasa imani". Zagi ba hujja ba ne, kuma tarihin rigimar shekara goma ba ya ƙara wa ƙarar nauyi.

Kada ka ɓoye abin da ba ya yi maka daɗi. In ta taɓa kai ka ƙara, ko ta nemi saki, ko ka taɓa shigar da irin wannan ƙara aka kora, rubuta shi da hannunka. Ɗaya ɓangaren za su kawo shi ko ka ƙi ko ka so, kuma alƙalin da ya gano an rufe masa wani abu yakan kori ƙarar ba tare da ya leƙa cikinta ba. Ƙarya a takardar rantsuwa kuma laifi ne mai zaman kansa.

A maƙala kwafin kowace hujja a sa mata alama, a rantse a gaban jami'in da doka ta ba iko. Saƙon da ke cikin wani harshe daban da na kotu a haɗa shi da fassarar da mai fassara ya rantse a kai.

Mataki na 5: Waɗanda ake ƙara da abin da ake roƙo

Sa sunan wanda take hannunsa a zahiri, ba wanda ka fi jin haushi ba. In kawunta ne ke riƙe da ita bisa umarnin uba, sa su duka biyu. Ina kuma sa shugaban 'yan sanda na yankin, domin in aka yi umarni su ne za su je su ɗauko ta.

Roƙon ya zama gajere: a kawo ta gaban kotu a rana kaza, a bayyana dalilin riƙe ta, a sake ta in babu dalili, a hana fitar da ita daga hurumin kotu kafin a gama, a ba ta kariya in ta nema. Kada ka rubuta "a miƙa mini ita". Baliga ba kaya ba ce da za a ɗauke daga hannu a sa a hannu, kuma wannan jimla kaɗai tana sa alƙali ya fara kallonka a matsayin mai tsarewa na gaba. Inda doka ta yarda a haɗa da neman diyya, ni nakan bar shi zuwa wata ƙara, saboda yana jawo doguwar jayayya.

Mataki na 6: Shigarwa da isar da sammaci

Kai takardun rajistar kotu, ka biya kuɗin shigarwa, ka haɗa da takardar gaggawa mai bayanin abin da zai faru in an jinkirta. Ƙarar 'yancin mutum tana gaba da sauran a layi. Dokokin Nijeriya na 2009, misali, sun ce a sa ranar sauraro cikin kwana 7 da shigarwa. Duk da haka takarda ba ta tafiya da ƙafarta, sai lauya ya bi ta ofis-ofis.

In kana tsoron da zarar sun ji labari za su ɓoye ta, lauya ya roƙi umarnin wucin gadi ba tare da an jira ɗaya ɓangaren ba. Ana bayarwa in hujjar ta yi ƙarfi.

Ma'aikacin kotu ne ke kai sammaci, ba kai ba. Ka ba shi kwatance mai kyau da wanda zai nuna masa gidan daga nesa. In sun ƙi karɓa ko suna ɓuya, a koma kotu a nemi izinin liƙa shi a ƙofa ko aikawa ta wata hanya. Ba a ci gaba sai da shaidar isarwa a cikin fayil, kuma rashin ta ne ya fi komai jawo ɗage zama.

Mataki na 7: Amsarsu

Da zarar an nuna akwai alamar tsarewa, nauyin kare kai ya koma kan mai riƙe da ita. Amsa uku na saba ji. "Ba ta wurinmu": a nan sai a roƙi kotu ta sa 'yan sanda su bincika su kawo rahoto a rana tsayayya. "Da son ranta take zaune", wani lokaci har da wasiƙa mai sa hannunta: kada ka tsaya jayayya a kan wasiƙar, ka dage a kawo ta, domin wanda ya iya kulle ƙofa ya iya sa a rubuta wasiƙa. "Yarinya ce" ko "ba ta da lafiyar ƙwaƙwalwa": takardar shekaru ce maganin ta farko, ta biyu kuma a nemi kotu ta zaɓi likita da kanta.

Mataki na 8: Ranar da aka kawo ta

Duk wahalar da aka sha don wannan 'yan mintuna ne. Ka tuna cewa a motar waɗanda suka tsare ta ta zo, wataƙila an kwana ana yi mata kuka da rantse-rantse. Saboda haka lauya ya roƙi alƙali tun kafin a fara: a gana da ita a ofishinsa, a fitar da kowa, har da kai, a ba ta lokaci ta huce, a samo tafinta wanda ba dangin kowa ba in ana buƙata. A Maris 2024 Kotun Ƙolin Indiya ta fitar da ƙa'idoji masu wannan ma'ana, ciki har da cewa kada waɗanda ake zargi da tsarewa su kasance a wurin ganawar, kuma in mutum ya ce ba zai koma wurinsu ba a sake shi nan take.

Abin da ta faɗa shi ne hukunci. Shari'ar Hadiya ta nuna iyakar ikon alƙali a nan. Ɗaliba ce baliga daga jihar Kerala ta Indiya da ta musulunta, mahaifinta ya shigar da irin wannan ƙara, ta kuma yi aure ana cikin shari'ar. A Mayu 2017 Babbar Kotun Kerala ta rushe auren ta mayar da ita hannun iyayenta. A Maris 2018 Kotun Ƙoli ta soke wannan hukunci, ta ce tunda baliga ce kuma ta bayyana zaɓinta, aikin kotu ya ƙare a nan, ba ta da hurumin taɓa auren a cikin wannan ƙara. Wuƙar tana yanka ta kowane gefe: uba ba zai raba aure da ita ba, miji ma ba zai yi biko da ita ba.

Tana iya cewa wajenka za ta, ko wajen iyayenta, ko ba ta son ko ɗaya. Shirya wa ta ukun tun daga gida: lauya ya riga ya san wani gidan mafaka ko dangin da ba ya cikin rigimar. In kuwa ta ce lafiya take zaune, ko da ka ga tsoro a idonta, kada ka ɗaga murya a harabar kotu. Abin da za a iya roƙa shi ne a mayar mata da wayarta da takardunta, a kuma sake kawo ta bayan ɗan lokaci.

Mataki na 9: Idan yaro ne ake riƙe da shi

Lissafin ya sauya. Ba zaɓin yaron kaɗai ake bi ba, maslaharsa ake dubawa, ƙa'idar da ke sashe na 3 na yarjejeniyar haƙƙin yara ta Majalisar Ɗinkin Duniya ta 1989. Ƙarar tana da ƙarfi idan mai riƙe da yaron ba shi da haƙƙin riƙo, ko ya saɓa hukuncin da ke ƙasa. A 2019 Kotun Ƙolin Indiya ta bi wannan hanya ta mayar da wata ƙaramar yarinya ga mahaifinta daga hannun dangin mahaifiyarta da ta rasu. Amma in tsakanin uwa da uba ne kuma babu hukunci a baya, yawanci za a tura ku kotun da ke duba riƙon yara, inda ake sauraron shaidu a tsanake. Kawo takardun makaranta da na asibiti, da duk abin da ke nuna inda yaron ya saba zama. In an tsallaka da shi wata ƙasa, a duba ko ƙasashen biyu suna cikin yarjejeniyar Hague ta 1980 kan dawo da yaran da aka ɗauke zuwa wata ƙasa, wadda ta shafi yara 'yan ƙasa da shekara 16. Ba kowace ƙasa ce ta shiga ba, Indiya ma ba ta ciki.

Mataki na 10: Bayan umarni

Karɓi kwafin umarnin mai hatimi a ranar, kada ka bar shi sai gobe. A kai ɗaya ofishin 'yan sanda, ita ma ta riƙe ɗaya a jikinta. Wanda ya ƙi kawo ta ko ya sake ɗauke ta ya raina kotu, kuma ana ɗaure mutum a kan haka, amma sai lauya ya koma ya shigar da takardar raina kotu da shaidar cewa an isar masa da umarnin hannu da hannu. In an kori ƙararka kana iya ɗaukakawa, ko ka sake shigarwa in sabon abu ya taso, kamar sabon saƙo daga gare ta.

Maganar aure, saki, ciyarwa da kayan ɗakinta duk suna nan inda aka bar su, kowacce da kotunta. Kafin a bar harabar, lauya ya roƙi a rubuta a cikin umarnin cewa a miƙa mata fasfo, katin banki, takardun makaranta da magungunanta a gaban jami'in kotu, a kuma sa 'yan sanda su raka ta har inda ta zaɓa ta kwana.